Sabon Garin Kano da Sauyin Ma'anar Baƙo

Gabatarwa

Manyan garuruwan ƙasar Hausa da hanyar jirgin ƙasa ta ratsa, irin su Zariya da Gusau da Kano, kowannensu yana da unguwar da ake kira Sabon Gari. Wadda ta fi su girma da suna ita ce ta Kano, wadda ta haura shekara 100 da kafuwa amma har yau ba a daina ce mata sabuwa ba. A wannan takarda za mu bi tarihin unguwar da yadda jama'arta suka tsara zamansu, domin mu nuna abu guda. Kano ta daɗe da sanin baƙi, kuma tana da hanyarta ta mai da baƙo ɗan gari. Abin da ya shigo tare da mulkin Turawa shi ne baƙuncin da doka ta rubuta, wanda daɗewa ba ta kankare shi. Mu da muka fito daga ƙasar Birnin Kudu da Gwaram wannan magana ta shafe mu, kamar yadda za a gani can gaba.

Baƙi a Birni kafin zuwan Turawa

Wanda duk ya zaga cikin ganuwar Kano yana sauraren sunayen unguwanni, ya karanta rabin tarihin baƙinta. Littafin tarihin sarakunan Kano ya ambaci zuwan Wangarawa daga Mali a zamanin Sarki Yaji (1349–1385), kuma Madabo ce unguwar da ake dangantawa da su. Sharifai tana tuna zuwan Shaihu Magili a zamanin Muhammadu Rumfa (1463–1499), sarkin da ya kafa kasuwar Kurmi. Larabawan Gadamas da Tarabulus sun zauna a Dandalin Turawa, domin a da su ake kira Turawa kafin sunan ya koma kan mutanen Ingila. Ga Tudun Nufawa, ga Zangon Barebari, ga Agadasawa, ga kuma Ayagi ta Yarabawa. Sa'ad da matafiyin nan Bajamushe Heinrich Barth ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta mazaunanta da kimanin 30,000, ya ce adadin kan ninka idan fatake suka sauka da rani.

Yadda ake karɓar baƙo a lokacin sananne ne. Falke yakan sauka a gidan fatoma, wanda zai ba shi masauki, ya adana masa kaya, ya haɗa shi da dillali, ya kuma tsaya masa idan an ci bashi. In ya yi shekaru yana zuwa, sai ya nemi fili wurin mai unguwa, ya yi gida, ya nemi aure. 'Ya'yansa su tashi da Hausa a bakinsu, jikokinsa kuwa ba abin da ya rage musu na asali sai laƙabi da wasan barkwanci. Ta haka Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari, masu fataucin goro zuwa Gwanja, suka zama Kanawa tsantsa, har daga cikin Agalawa aka sami Alhasan Ɗantata (1877–1955), wanda ba mai jayayya a kan Kananci nasa.

Sai dai kada mu ƙawata abin fiye da yadda yake. Wannan ƙofa tana da sharaɗi, watau Musulunci da biyayya ga Sarki da yarda da hukuncin alƙali. Baƙin da muka lissafa duka Musulmi ne, saboda haka sharaɗin bai zame musu nauyi ba. Tambayar da Birni bai taɓa fuskanta ba ita ce yadda za a yi da baƙon da ya zo da cocinsa da kotunsa da makarantarsa, kuma ba fatoma ne ya gayyato shi ba.

Jirgi da gyaɗa da akawu

Turawa sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, suka naɗa Sarki Abbas. A Sakkwato kuma, cikin watan Maris na wannan shekara, Gwamna Lugga ya yi alkawarin cewa gwamnati ba za ta sa baki cikin addini ba. Wannan alkawari shi aka riƙa kafa hujja da shi wajen hana 'yan mishan shiga biranen sarakuna. Amma sabon mulkin yana bukatar akawu da masinja da mai buga waya da kafinta, ga shi kuwa makarantar Ɗan Hausa ta Nasarawa sai a 1909 aka buɗe ta. Dole aka ɗauko ma'aikata daga Ikko da Lakwaja da Saliyo da Gwalkwas, watau ƙasar Gana ta yau.

Hanyar jirgi ta iso Kano a 1911, aka buɗe ta ga 'yan kasuwa a 1912. Kamfanonin Turawa sun zo da begen auduga, sai manoman ƙasar Kano suka zaɓi gyaɗa, domin ta fi kuɗi, kuma in fari ya zo ana iya cin ta. Gyaɗar da Nijeriya ta fitar a 1912 ba ta kai tan 3,000 ba, amma a 1913 ta haura tan 19,000. Kamfanin Neja da John Holt da sauransu suka kafa kantuna kusa da tasha, Kwarori daga Labanan da Siriya suka bi sahu, kowane kanti kuma yana neman akawu da ma'auni da mai gadi. Cikin wannan hali ne aka yanka filayen Sabon Gari a 1913, arewa maso gabas da ganuwa, a bayan Fagge, tsohon zangon ayarin raƙuma.

Tsarin da aka yi wa wajen Birni ya nuna tunanin masu yin sa. Turawa suna Nasarawa da Bomfai, kuma ƙa'idar Lugga ita ce a bar fili na yadi 440 babu gini tsakanin gidajensu da na baƙar fata, wai don tsoron sauro. Kwarori an ba su nasu yanki a gefen Fagge, inda Kantin Kwari ya samo sunansa. Daga baya aka keɓe Tudun Wada da Gwagwarwa ga 'yan Arewa waɗanda ba Kanawa ba. Sabon Gari kuwa aka ware ta ga waɗanda doka ta ɗauka a matsayin baƙar fatar da ba talakawan Sarki ba. Dokar birane ta 1917 ta ƙarfafa wannan rabo: mutumin Sabon Gari yana ƙarƙashin Joji Bature, can yake biyan haraji, can ake yi masa shari'a, dogarin Sarki ba shi da iko a kansa. Filin da ya gina gida a kai haya ce daga gwamnati, ba mai unguwa ne ya ba shi ba. Ashe ke nan an cire duk igiyoyin da a da suke ɗaure baƙo da mai masaukinsa.

Akwai kuskuren da ake yawan yi, na ɗaukar cewa tun farko unguwar ta mutanen Kudu ce kaɗai. A shekarun farko akwai Hausawa da Nufawa masu yawa a cikinta, tsofaffin sojoji da leburorin jirgi da masu gudun takurar En'e, kuma Yarabawa, Musulminsu da Kiristansu, su ne jigon ciniki. Ibo sun yawaita ne bayan da hanyar jirgi ta gabas, wadda ta taso daga Fatakwal ta bi ta Inugu, ta haɗu da ta Kaduna a 1927, sa'an nan aka gama gadar Makurɗi a 1932. Kafin 1950 sun zama mafi rinjaye.

Zaman jama'a

Kamar yadda sunayen unguwannin Birni suke ba da labari, haka sunayen titunan Sabon Gari. Akwai titin Abekuta da na Badun da na Ijebu, akwai na Aba da Inugu da Warri, akwai na Gwalkwas da Firitawun, akwai na Zungeru da na Sarkin Yaƙi. Titin Bama yana tuna yaƙin duniya na biyu, su Festing kuwa sunayen jami'an mulkin mallaka ne. Titin da ake ce wa France mutane da yawa suna zaton ƙasar Faransa ake nufi, alhali kuwa sunan mutum ne. A farkon shekarun 1930 aka kafa wa unguwar kotun haɗaka, wadda wakilan manyan ƙabilu suke zama a cikinta suna yanke hukunci bisa al'adar masu ƙara, aka kuma naɗa mata shugaba da ake kira Sarkin Sabon Gari. Waɗanda suka fara riƙe wannan muƙami, Eben France da Barlatt-Hughes, dukansu asalinsu daga ƙasashen bakin teku ne na Afirka ta Yamma, ba 'yan Nijeriya ba. A 1940 gwamnati ta mai da unguwar ƙarƙashin En'e ta Kano, amma shekara 27 na rabuwa sun riga sun yi aikinsu, kowane ɓangare ya saba da kallon ɗaya daga nesa.

Tun da babu fatoma, sai baƙi suka ƙirƙiri abin da zai tsaya a madadinsa, watau ƙungiyoyin 'yan gari ɗaya. Saurayi yakan sauka daga jirgi da sunan wani ɗan garinsu a takarda. Wannan zai ba shi wurin kwana, ya kai shi taron ƙungiya na ƙarshen wata, inda ake zuba kuɗi, ake ba da rance, ake sasanta rigima kafin ta kai kotu, ake kuma ɗaukar nauyin kai gawa gida. Yaron da ya yi wa maigidansa hidima a shago shekaru shida ko bakwai, ranar sallama za a ba shi jarin da zai buɗe nasa. Yarabawa suna da adashinsu da masallatansu da ƙungiyoyi irin su Ansaruddini, wadda aka kafa a Ikko a 1923, wadda kuma ta haɗa karatun addini da na boko. Coci-coci suka gina makarantu, ƙungiyar Ibo ita ma ta gina tata sakandare. A nan ya kamata mu lura da bambanci: fatoma yana jan baƙo ne zuwa cikin gari, ƙungiya kuwa tana ɗaure shi da garin da ya baro. Mutum yakan yi shekara 40 a titin Aba, amma gidan da yake ji da shi shi ne wanda ya gina a ƙauyensu, wanda ba ya kwana a ciki sai da Kirsimeti.

Duk da haka layin da aka ja a taswira bai hana ƙafa tsallakewa ba. Kasuwar Sabon Gari ta zama mahaɗa: Bahaushe ya kawo hatsi da nama da albasa, Bayarabiya ta kawo atamfa da kwanuka, mutumin Ibo ya kawo manja da garin rogo da kayan gyaran keke, cinikin kuma da Hausa ake yin sa. 'Yan cirani daga gundumomin karkara, har da namu na Birnin Kudu da Gwaram, a nan da yawansu suka fara dako da ga-ruwa, a nan suka fara jin Turancin kasuwa. Gidan siliman Rex, wanda aka buɗe a 1937, ya ja samarin Birni da Fagge, kuma da aka gina Palace a cikin Birni a 1952 sai da malamai suka yi ta suka. Tun da an hana sayar da barasa ga talakawan sarakuna amma an ba da lasisi a Sabon Gari, sai unguwar ta yi suna da mashaya da gidajen rawa. Wannan suna ya bi ta har yau, ko da yake adalci ya sa a faɗi cewa masu cika waɗannan wurare da dare ba duka ne mazauna unguwar ba.

Babbar shaidar cuɗanya kuwa a siyasa take. Saboda hannun En'e bai cika ƙarfi a can ba, Sabon Gari ta zama mafakar masu ra'ayin sauyi. Raji Abdallah, mutumin Igbira, ya kafa ƙungiyar NEPA a Kano a 1946. Jaridar Comet ta Dokta Azikiwe ta komo Kano a 1949, tana da shafin Hausa. Ranar 8 ga Agusta 1950, a gidan Bello Ijumu da ke Sabon Gari, samari takwas suka kafa jam'iyyar NEPU, cikinsu akwai Abba Maiƙwaru da Magaji Ɗambatta da Mudi Sipikin da Maitama Sule. Jam'iyyar da ta zama muryar talakan ƙasar Hausa, a ɗakin Bayaraben ƙasar Kabba aka raɗa mata suna. A ganinmu marubuta tarihin siyasar Arewa ba su ba wannan batu haƙƙinsa ba.

Tarzoma da komowa

Unguwar da aka keɓe wa baƙi tana da wani aibi: ranar da rai ya ɓaci, kowa ya san inda zai same su. Ranar 31 ga Maris 1953 Anthony Enahoro ya kawo ƙudurin neman mulkin kai a 1956, Sardaunan Sakkwato ya nemi a ce sai lokacin da ya dace, aka yi wa wakilan Arewa ihu a titunan Ikko. Da aka ji cewa tawagar Akintola za ta yi taro a Sabon Gari, sai rikici ya ɓarke daga 16 zuwa 19 ga Mayu, mafi muninsa a kan iyakar Fagge da Sabon Gari. Rahoton gwamnati ya ce mutum 36 sun mutu, 241 sun ji rauni. Abin lura shi ne, jam'iyyar da ta shirya taron ta Yarabawa ce, amma faɗan ya fi tsanani tsakanin Hausawa da Ibo, waɗanda su ne suke gogayya a kan rumfunan kasuwa da awon gyaɗa da ƙananan ayyukan ofis. Siyasar Ikko ta kunna ashana ne kawai, itacen yana nan a tare tuntuni.

Abin da ya faru a 1966 ya fi wannan muni nesa ba kusa ba. Bayan juyin mulkin Janairu da dokar Ironsi mai lamba 34 wadda ta rushe jihohi, an kai wa Ibo hari a ƙarshen Mayu, sa'an nan ranar 1 ga Oktoba sojojin bataliya ta 5 suka yi tawaye suka buɗe wuta a filin jirgin sama da tashar jirgin ƙasa da cikin Sabon Gari. Dubban mutane ne suka hallaka a faɗin Arewa a waɗannan watanni, waɗanda suka tsira suka koma Gabas, aka shiga yaƙin basasa daga Yuli 1967 zuwa Janairu 1970. Wannan tabo ne a tarihinmu, kuma ba a warkar da tabo da rufe shi. Amma akwai ɗaya ɓangaren da shi ma gaskiya ne. A zamanin Gwamna Audu Bako da Sarki Ado Bayero an kafa kwamitin kula da gidajen da aka bari, aka riƙa karɓar haya ana ajiyewa, da masu su suka komo bayan yaƙi aka miƙa musu gidajensu da kuɗinsu. A Fatakwal, wadda take maƙwabciyar ƙasar Ibo, ba haka aka yi ba, maganar dukiyar da aka bari ta zama ƙorafin shekaru.

Sun komo kuwa, har suka fi da yawa. Kuɗin man fetur ya cika unguwar da gidajen sama da otal-otal, aka sake gina kasuwar, wadda yanzu take ɗauke da sunan Muhammadu Abubakar Rimi, gwamnan Kano daga 1979 zuwa 1983. Sai dai daga shekarun 1980 rikicin ya sake riga, ya sa ta addini: na cocin Fagge a Oktoba 1982, na zuwan mai wa'azi Reinhard Bonnke a Oktoba 1991, na ramuwar Shagamu a 1999 da na Yalwan Shandam a 2004, sa'an nan bam ɗin tashar motocin New Road ranar 18 ga Maris 2013. Kowane ɗaya daga cikinsu ya ƙara tace unguwar. Kiristocin Arewa daga kudancin Kaduna da Filato da Binuwai, waɗanda a da suke warwatse a Gwagwarwa da Tudun Wada, da yawa suka matso ciki don neman tsaro, Musulmi da yawa suka fita. Rabon da Bature ya yi da doka, tsoro ya zo ya sake yin sa ba tare da doka ba. Amma gobarar kasuwa ta watan Maris 2016 ba ta tambayi ƙabilar mai rumfa ba, kuma akwai Hausawa da yawa cikin masu ciniki a wannan kasuwa a yau.

Hausawa ma sun san ɗacin wannan zama a wasu wurare. An keɓe musu Sabo a Badun a 1916, suna da zango a Kumasi da Ankara, kuma dokar korar baƙi ta gwamnatin Busia a Nuwamba 1969 ta tasa ƙeyar mutanen da a Gana aka haifi iyayensu.

Alƙalami ya sake jan layi

A zamanin Turawa, Birnin Kudu da Gwaram gundumomi ne na masarautar Kano. Mutumin Gwaram da ya zo Birni talakan Sarki ne, alƙali ɗaya ke yi musu shari'a da ɗan Yakasai, ba wanda zai tura shi Sabon Gari ko Tudun Wada. Da aka ƙirƙiro Jihar Kano a 1967, nan ma ɗan jiha ne, kuma kwalejin gwamnati ta Birnin Kudu ta yaye 'ya'yan Birni da yawa, har da Aliko Ɗangote. Ranar 27 ga Agusta 1991 gwamnatin Babangida ta yanke Jihar Jigawa. Aka wayi gari ma'aikatan da suka yi rabin rayuwarsu a Kano an ce su tattara su koma Dutse, da yawansu suka bar iyali a Kano suna jeka-ka-dawo. Ba su yi ƙaura ba, ba su sake harshe ko addini ba, amma a takarda sun zama mutanen wata jiha.

Tushen wannan yana cikin tsarin mulki. Na 1979 ya kawo ƙa'idar raba muƙamai tsakanin jihohi, ya kuma fassara ɗan jiha da wanda ɗaya daga cikin iyayensa ko kakanninsa ya fito daga al'ummar da take 'yar asalin wurin. Na 1999 ya maimaita wannan a sashe na 318, alhali sashe na 41 da na 42 da na 43 sun ba kowane ɗan ƙasa ikon zama da mallakar gida ko'ina, sun kuma hana nuna masa bambanci saboda asalinsa. Saboda haka mazaunin Sabon Gari yana biyan haraji a ƙaramar hukumar Fagge, yana jefa ƙuri'a a mazaɓar Sabon Gari ta Gabas ko ta Yamma, fadar Kano ta san da Sarkin Yarabawa da Sarkin Ibo, amma ranar da ɗansa zai nemi tallafin karatu ko aikin gwamnati, sai a ce ya kawo takardar shaida daga garin kakansa.

A bisa harafin doka, jikan mutumin Gwaram da aka haifa a Fagge shi ma haka ne. A aikace kuwa ba ɗaya suke ba, domin tsohuwar ƙofar nan ta Birni tana buɗe gare shi: harshensa da addininsa da aurensa sukan sa mai unguwa ya sa masa hannu ba tare da dogon bincike ba, kamar yadda aka yi wa Agalawa. Jikan wanda ya sauka daga jirgin Inugu a 1935 kuwa, ko da Hausar Kano ce a bakinsa, ko da kabarin kakansa yana Kano, ana tura shi neman takarda a wani ƙauye na Anambara ko Imo inda dagacin bai taɓa ganin fuskarsa ba.